Tsohon da Ba a Sallama Ba

Babu abin da ba a iya gyarawa a ɗakin haɗa hoto. Jarumi ya manta maganarsa, a gyara. Hadari ya rufe rana ana tsakiyar ɗauka, a gyara. Jaruma ta yi fushi ta tafi gida da rigar da aka fara fim da ita, a gyara. Mutuwa ma, in aka dube ta da idon sana'a, ƙarancin hoto ce kawai, ita ma tana gyaruwa.

Darakta ne ya faɗi haka ranar Litinin da safe, kwana uku da binne Tsoho, a gaban ma'aikata goma sha huɗu, tabarau a saman goshi. Ba wanda ya musa. A kamfanin nan ba a musa wa Darakta. In ya yi magana a gyaɗa kai, sannan a waiwaya a nemi wanda maganar za ta faɗa wa a ka. Ranar ba a sha wahalar nema ba. Kowa ya juya ya kalli Anti Almakashi.

Shekararta ashirin da huɗu tana aikin edita. Ita ke karɓar duk abin da aka ɗauko, da mai kyau da na zubarwa, ta yanke, ta jera, ta liƙa, har ya zama fim. Ta fara tun ana aiki da kaset, kamfanin yana ɗaki biyu a bayan wani shagon taya. Yanzu yana da bene mai hawa uku, ita kuma tana ɗaki na ƙarshe a hawa na biyu, gaba da banɗaki. Ɗakin yana da taga, amma an shafe ta da baƙin fenti tun shekarar farko, saboda haske yana ɓata launi a allo. A nan ta mai da masu i'ina gwanayen magana. Akwai jarumin da bai taɓa kai jimla ƙarshe ba a rayuwarsa, yau kofuna biyu ne a falonsa. Akwai mata da mijin fim da ko gaisawa ba sa yi, ita ta sa suke kallon juna kamar za su narke, alhali kowa ranarsa daban aka ɗauke shi. Sunanta kuwa a ƙarshe yake fitowa, cikin rubutun nan mai gudu sama, daidai lokacin da gidan talabijin ke matse shi gefe don tallan sabulu. Mahaifiyarta ta rasu tana zaton 'yarta sakatariya ce.

Tsoho shi ne uban gida a shirin kamfanin mai dogon zango, wanda ake nunawa duk Laraba. Shekara tara aikinsa ɗaya: ya zauna a wata kujera mai ruwan ƙasa a tsakiyar falo, 'ya'ya da surukai su kawo rigima, ya saurara, ya faɗi jimla biyu, a sa kiɗa. Tsohon ɗan wasan dandamali ne, irin waɗanda aka hora da tsawa, kuma yana da ƙa'ida ɗaya da kowa ya sani. In Darakta ya ce "akshin", ba ya barin wurinsa sai Darakta da bakinsa ya ce "kat". Ba mataimaki ba, ba mai kyamara ba. An yi ranar da fitila ta fashe a saman kansa, kowa ya watse, shi yana zaune da gilashi a kafaɗa yana jiran a sallame shi.

Da aka tashi daga taron, Darakta ya biyo Almakashi har ɗakinta, ya jingina da ƙofa.

"Anti, kashi goma sha uku suka rage a zangon nan. Masu talla Tsoho suke so, ba waɗancan masu kukan ƙarya ba. Na riga na faɗa wa 'yan jarida cewa marigayin ya ɗauki duk fitowarsa kafin ya kwanta."

"Ya ɗauka?"

"Zai ɗauka. A hannunki."

"Yallaɓai, mutumin nan an binne shi fa. Har da kai a sahun gaba, ka fi 'ya'yansa kuka."

"Shi ya sa na ce ki kai min shi ƙarshen zango da ransa. In kika yi, sunanki zai fito a farko. Shi kaɗai a allo, daƙiƙa huɗu cur, kafin nawa ma." Ya ɗan yi tunani. "To, bayan nawa. In kuma hannun ya tsufa, ki faɗa min da wuri. Akwai masu jiran kujerar nan."

Daƙiƙa huɗu. Babu wanda ya san tsawonsu a ginin nan kamar ita, ta sha ba wa wasu. Ta ce to.

Aikin ba sihiri ba ne, haƙuri ne. Sauran 'yan wasa su tsaya a gaban kujera su yi rigimarsu, wani ya sa hular Tsoho ya ba kyamara ƙeya. Ita kuma ta shiga hotunan shekara tara ta nemo fuska, ta nemo murya. Tana da "zauna" ɗari biyu, "ku yi haƙuri" sun fi ɗari biyar, "ban ji daɗi ba" iri-iri, daga na ɓarin shayi har na sakin aure. Ta ciro kalma a shekara ta biyu, ta aura mata wata daga shekara ta bakwai. Sirrin ba a kalmomin yake ba, a numfashin da ke tsakaninsu yake. In ka ɗinke magana ba numfashi, ko ƙaramin yaro zai ji gawa ce ke magana. Don haka ta buɗe wa numfashinsa wurin ajiya na musamman: gajere, dogo, na gajiya, na kafin faɗa.

Kashi biyar suka wuce lafiya lau.

Maigidanta ma'aikaci ne a ofishin rajistar haihuwa da mutuwa, saura masa shekara biyu ya yi ritaya, kuma ya daɗe da daina mamakin komai. Ranar Alhamis suna karyawa, ya dube ta ta saman kofi.

"Uwargida, jiya na ga mutumin naki ya yi kyau. Har ya ɗan yi ƙiba."

"Ci abincinka."

"Ni da hannuna na shigar da shi rajista. Lamba na ba shi, na buga hatimi. Ke kuma duk Laraba sai ki tashe shi ya raba gardamar gado. Ko ki daina, ko in goge, kada gwamnati ta ce ɗayanmu ba ya aiki."

"Kai dai aikinka rufe mutane."

"Da buɗe su. Ina yin haihuwa ma, ranar Talata."

A kashi na shida fuskar ta ƙare. Murya akwai, amma hoton Tsoho cikin rigar toka ta wannan zangon, wanda masu kallo ba su riga sun gani ba, babu saura. Ta maimaita wani gyaɗa kai sau biyu, washegari wata mata ta rubuto wa gidan talabijin tana tambaya ko wuyansa ne ke ciwo. Almakashi ta koma tana buɗe fayil ɗaya bayan ɗaya, har ta iso ranarsa ta ƙarshe a wurin aiki. Duk ɗaukar ranar minti biyu-biyu ne, uku-uku. Na ƙarshe kaɗai minti arba'in da bakwai.

Ta buɗe. An ce "akshin". Surukar fim ta yi maganarta, Tsoho ya ba ta amsa. Sai waya ta yi ƙara a bayan kyamara, muryar Darakta ta ce "ina zuwa", ƙofa ta rufu. Surukar ta ɗan jira, ta ɗage kafaɗa, ta fita. Aka ji takalma suna raguwa, wani yana tambaya ko an kawo abinci. Falon ya yi tsit. Tsoho yana zaune, hannuwa a gwiwa, yana kallon ƙofa.

Ta sauka ta sami mai kyamara yana goge gilashi a ɗakin kaya.

"Ranar ƙarshen Tsoho, wa ya bar kyamara a kunne?"

"Anti, wallahi ni na ɗauka an tafi hutu. Da na dawo daga cin abinci na kashe."

"Yana nan lokacin?"

"Wa?"

"Tsoho mana. Wa nake magana?"

Ya dakata da gogewar. "Ina jin ɗansa ya zo ya ɗauke shi. Ko direba ne? Ni dai washegari na ji an ce yana asibiti." Ya sosa gemu. "Kin san in mutum ya shekara tara a kujera ɗaya, ba ka lura ko yana kai ko ba ya kai."

Ta tambayi mai fitila, ta tambayi mai kwalliya. Kowa yana da wanda yake jin ya ɗauke shi. Babu wanda ya ga tashinsa.

Ita dai ta samu abin da take nema. A mintunan nan Tsoho ba wasa yake yi ba, jira yake. Fuskar ta saki. Wani lokaci ya danna hannu a ƙasan haƙarƙari, ya runtse ido, ya buɗe. Ta yanko daƙiƙa shida a nan, tara a can, ta sa a daidai inda ɗansa na fim ke faɗa masa ya sayar da gida. Gari ya ɗauka. Wani marubuci a jarida ya ce a shekara tara marigayin bai taɓa wasa irin na bana ba. Darakta ya shiga rediyo ya bayyana yadda ya sha fama kafin ya fitar da wannan daga jikin tsohon, ya ce ba kowane darakta ke da irin wannan haƙurin ba.

Litinin ta gaba ta buɗe fayil ɗin, ta ga awa ɗaya da minti goma.

Ta cire tabarau ta goge. Shekara hamsin da ɗaya ba wasa ba ce, ido yana yi wa mutum ƙarya. Ta rubuta lambar a 'yar takarda ta liƙa a gefen allo. Talata da safe, awa ɗaya da minti hamsin da biyu. Ta kashe kwamfuta ta kunna. Ta kwafe fayil ɗin zuwa wata ma'ajiya, can ma ya ci gaba da tsawo. Ya zuwa kashi na tara ya kai awa goma sha ɗaya, alhali katin da ke cikin kyamarar nan awa biyu kacal yake ɗauka. Hasken tagar falon bai gusa ba, tunda fitila ce ba rana ba. Ba ta taɓa zuwa ƙarshensa ba. Takan matsa gaba kaɗan, ta yanki abin da take buƙata, ta rufe, kamar mai ɗiban ruwa a rijiyar da ba ya son leƙawa.

Ta faɗa wa maigidanta ranar Asabar, suna shanya a bayan gida, da muryar da ake ba da labarin lalacewar firji. Ta yi zaton zai yi dariya. Sai ya matse riga, ya yarfe.

"A wajenmu, in fayil ya ƙi rufuwa, sa hannu ne ya rage."

"Na wa?"

"Na wanda ya buɗe shi mana. Miƙo min abin maƙalewar nan."

Ranar Talata da hantsi maigadi ya ƙwanƙwasa mata ƙofa, ya ce tana da baƙuwa. Wata dattijuwa ce ƙarama, tana haki saboda matakala, jaka a ƙirji. Almakashi ta gane ta, ta gan ta wurin gaisuwa. Matar Tsoho ce. Ta yi sauri ta kashe allo.

"Ba sai kin kashe ba, 'yar nan. Tun daga matakala nake jin numfashinsa."

"Mama, sannu da zuwa. Ga kujera. Ya ƙarin haƙuri?"

"Haƙuri ya zama dole. An ce min ke ce mai haɗawa. Na je wurin babbanku sau biyu, wai yana taro. Mutumin nan ko barci a taro yake yi?" Ta zauna, ta dubi baƙar tagar. "Nan kike wuni? Allah ya ba ki lada."

"Amin, Mama."

"Ban zo rigima ba. Wancan na talabijin naku ne, shekara tara na bar muku shi. Mai hikima, mai jimla biyu. A gida ko gardamar jikoki ba ya iya rabawa, ɗaki yake shigewa. Da kuka ci gaba da nuna shi ban ce komai ba, na ce naku ne, ku ƙarasa abinku. Amma na 'yan makonnin nan nawa ne. Wannan danna hannun a haƙarƙari, ni kaɗai yake yi wa. Ko 'ya'yansa ba su san shi ba."

Almakashi ta ce an ɗauke shi ne bai sani ba, lokacin hutu.

"To, tarin fa?"

"Wane tari, Mama?"

"Na Larabar da ta wuce. Mai kamar ana jan kujera a siminti. Wannan tarin a asibiti ya fara shi, kwana huɗu kafin cikawarsa. Ina zaune a gefen gado. A ina kuka same shi?"

Almakashi ta san a ina. Awa ta tara, minti na goma sha shida. Ta ma ji daɗin samunsa, ya zauna daidai a wurin da ta sa shi.

Dattijuwar ba ta jira amsa ba. Ta gyara mayafi, ta dafa tebur ta miƙe. "Mutumin nan bai iya tashi sai an ce ya tashi. Shekara arba'in da uku, ko biki muka je sai na ce masa mu tafi, in ba haka ba da shi za a share wuri. Ni dai na ce masa, a asibiti, a kunne. Ashe ba ni yake jira ba. Ku sallame shi, 'yar nan. Ya gaji."

Da ta fita, Almakashi ta kunna allo. Awa ashirin da shida. Ta sa linzamin kwamfuta ta kama 'yar alamar da ke tafiya a ƙasan hoton, ta ja ta har ƙarshe, ta saki.

Yana nan. Rigar toka ta yi masa yawa. Leɓensa ya bushe. Lambar da ke ƙasan allo ta kai ƙarshe amma ba ta tsaya ba, tana ƙara daƙiƙa ɗaya bayan ɗaya, daidai da agogon da ke hannunta. Ya dubi ƙofa. Sannan ya juyo a hankali, ba gilashin kyamara ya kalla ba, ƙasa da shi kaɗan, wajen da mutum yake in yana zaune a gaban tebur.

"Baba," ta ce, muryarta ta fito ƙarama. "An gama. Ka tashi."

Bai motsa ba.

Ta waiwaya ta tabbatar ƙofa a rufe take. Mace mai shekara hamsin da ɗaya, mai digiri, tana shirin yi wa kwamfuta tsawa. Ta gyara murya. "Kat."

Ya yi mata ɗan murmushi, irin wanda babba ke yi wa ƙaramin ma'aikacin da ya wuce gona da iri da kyakkyawar niyya. Ya mai da ido ƙofa.

Ta hau hawa na uku. Darakta yana waya, ya ɗaga mata yatsa, ta tsaya minti ashirin tana kallon hotunansa da manyan mutane.

"Anti! Mai tayar da matattu. Me ya faru?"

"Yallaɓai, kalma ɗaya nake so ka zo ka faɗa a ɗakina. Ranar ƙarshen Tsoho ka fita ba ka ce kat ba."

Ya yi dariya har da buga tebur. Dariyar ta ɗan fi ƙarfin maganar. "Kin daɗe a ɗakin nan. Ki riƙa fita kina shan iska."

"Minti ɗaya ne. Ka sauko ka faɗa ka dawo."

"Ni ba na shiga ɗakin nan naki, sanyinsa yana kama min ƙirji." Sai a lokacin ta lura rabonsa da ɗakin tun kashi na shida. Ya ɗauki biro yana jujjuyawa, bai kalle ta ba. "Kashi huɗu suka rage. In na faɗa, da me za ki haɗa su?"

Ta sauko.

Kada a ɗauka waliyiya ce. Kashi na goma da shi ta haɗa, daga awa ta talatin, kuma ya fi duk na baya kyau. Ta gaya wa kanta mako huɗu ba wani abu ba ne ga wanda ba shi da wurin zuwa. Ta gaya wa kanta shekara ashirin da huɗu ta yi a ɗakunan duhu, ita ma ba wanda ya zo ya ce ta tashi. Har ta gwada rubuta sunanta a allo, fari a kan baƙi, ta gwada shi da manyan haruffa, ta gwada da ƙanana, ta goge.

Kashi na goma sha ɗaya yana buƙatar murmushi. An haifa wa uban gida jika, marubucin shirin ya rubuta: Baba ya yi murmushi. Ranar Alhamis tun ƙarfe takwas take nema. Awa arba'in, awa hamsin, awa sittin. Babu. Wanda ya yi mata ranar ma ta koma ba ta same shi ba. Yanzu ya karkata gefe ɗaya, ya dafe hannun kujera da gwiwar hannu don kada ya zame. Duk sanda aka ji motsi sai ya yi ƙoƙarin miƙe baya, ya gyara hula, ya shirya fuska, ko Darakta ne ya dawo. Sai da ya yi hakan sau uku ta gane motsin ba daga falon yake ba. Masu zuwa banɗaki ne suke wucewa ta ƙofarta.

Ta cire hannu daga linzami. Ta bar allo ya dushe da kansa.

Sannan ta buɗe shara. Kowane edita yana da ita, wurin da ake zuba kai da jelar kowace ɗauka. Shekara ashirin da huɗu tana yanke "kat" ɗin Darakta tana jefawa a nan, bai taɓa yi mata amfani ba. Dubbai ne. Akwai na fushi, akwai na yunwa, akwai wanda ya faɗa da abinci a baki. Ta saurari wajen hamsin. Na bana duk ba su yi mata ba, kamar ana korar akuya. Ta koma shekarar farkon shirin, lokacin Darakta yana da gashi da kunya. A nan ta samu wanda ya ce, a hankali, "Kat. Na gode, Baba."

Ta san abin da take yi. Ta san in ya tashi babu fuska, in babu fuska babu kashi uku, kuma ta san masu jiran kujerar, tana gaisawa da su a matakala. Ta ɗauko muryar ta ɗora a layin sauti, a can ƙarshe inda lambar ke tafiya. Ta sa gajeren numfashi a gabanta, don maganar da ba numfashi ba ta mai rai ba ce. Ta danna.

Tsoho ya saki ajiyar zuciya mai tsawo, irin wadda ba ta da ita a ajiyarta. Ya zare ɗan makirufon da ke wuyan rigarsa, ya naɗe wayar a yatsa biyu, ya ajiye a hannun kujera yadda ya saba. Ya yunƙura, bai tashi ba. Ya sake, ya tashi. Ya kakkaɓe riga. Ya nufo kyamara yana jan ƙafar hagu, rigar toka ta cika allo, ya wuce ta gefe. Ta ji takunsa a lasifika, ɗaya, biyu, uku. Na huɗu da na biyar ba za ta rantse cewa daga lasifika suka fito ba. 'Yar takardar da ta liƙa a gefen allo ta ɗan motsa, ta kwanta.

Ba ta waiwaya ba sai da aka jima.

Fayil ɗin ya koma minti arba'in da bakwai. Ta kalle shi tun daga farko. An ce "akshin", surukar fim tana yi wa kujera magana, waya ta yi ƙara, kowa ya fita. Kujera ce kawai, mai ruwan ƙasa, da ɗan lotsawa a tsakiya. Kwafin da ke ɗaya ma'ajiyar ma haka.

Gidan talabijin ranar Juma'a da azahar yake karɓar kaya, kuma ba a taɓa jin Almakashi ta makara ba. Ta haɗa kashi na goma sha ɗaya da abin da ke hannunta. 'Ya'ya suka shigo da jariri suna murna, suka tsaya a gaban kujera. Ta yanke, ta kai hoton kan kujerar ba kowa a kai, ta bar ta daƙiƙa arba'in, ba kiɗa. Ta aika ba tare da ta hau sama ba.

Darakta a talabijin ya gani, tare da kowa. Ranar Alhamis da safe ana jin muryarsa har bakin titi. Kafin azahar waya ta fara shigowa. Mutane sun yi kuka a gidajensu. Marubucin jaridar nan ya ce ba a taɓa yin bankwana irin wannan a allo ba, wai kujerar ta fi 'yan wasa da yawa iya wasa. Masu talla suka ce a maimaita. Kafin la'asar Darakta yana rediyo, muryarsa a dushe don tsawar safe, abin da mai gabatarwa ya ɗauka alhini ne. Ya ce tun ranar da aka binne marigayin ya ga kujerar nan a zuciyarsa. Ya ce babban darakta shi ne wanda ya san lokacin da zai saki abu.

Sakin abu daban, ɓata kayan kamfani daban. Ranar Litinin sakatariya ta kira ta, ta tura mata takarda mai layi shida. An rubuta cewa ta hanyar sakaci ta lalata hoto na ƙarshe na wani babban ɗan wasa, wanda ba za a iya maye gurbinsa ba, kuma kamfani yana gode mata da shekarun da ta yi.

"Anti, wallahi ni bugawa kawai na yi."

"Na sani. Ina zan sa?"

"Nan. Da nan. Sai makulli."

Ta sa hannu a wuri biyun, ta zare makullin daga cikin na gida, abin ya ɗan ci mata farce. Ta koma ɗaki ta tattara abin da yake nata, bai kai ta nemi kwali ba: silifas, maganin ciwon baya, da wata 'yar butar lantarki da ta saya da kanta shekarun baya. Wanda zai gaje ta yana tsaye a baranda yana duba waya, ya gaishe ta da ladabi sosai.

A bakin get maigadi ya miƙe, ya tare hanya yana sunkuyar da kai.

"Anti, ki yi haƙuri. An ce duk kayan wuta da zai fita sai da takarda daga sama."

"Butata ce."

"Na sani, Anti. Ni nake ɗebo miki ruwanta. Amma an ce sai Darakta ya sa hannu, kuma yana taro."

Ta dubi benen, ta dubi butar. Ta miƙa masa.

"Murfin ba ya kamawa sai ka danna ta hagu," ta ce.

Ta fita titi. Ƙarfe goma sha ɗaya ne na safe, rana tana dukan kwalta, ta tsaya ta kare ido da silifas ɗin tana neman inda ake tsayar da mota.